Maigidana Ya Ce NIN Alamar Dabba Ce, 'Yarmu Kuma Tana Son Rubuta JAMB

Baba, ina gaisuwa cikin sunan Ubangiji. Shekarata goma sha tara da aure, yaranmu huɗu, muna zaune a Kaduna. Maigidana yana sayar da kayan gyaran babur. Tun lokacin canjin kuɗi na farkon 2023, da jarinsa ya karye, ya shiga sauraron wani mai wa'azi a waya dare da rana, yanzu kuma ya ce lambar NIN da BVN da duk cinikin da ake yi ta waya su ne alamar dabbar da ke cikin Wahayin Yahaya sura 13. Ya rufe asusunsa na banki, ya karya katin zaɓensa, yana cewa duk gwamnatoci na magabcin Almasihu ne, har yana kiran sunan wani ɗan siyasa a kan shi ne dabbar. Maƙwabtanmu Musulmi da muka daɗe muna cin abincin sallarsu suna cin namu na Kirsimeti, ya fara janye jiki daga gare su, wai rundunar Gog da Magog ce. Babbar 'yarmu tana da shekara 17, ba za ta iya rajistar JAMB ba sai da NIN, shi kuwa ya rantse ba za a sa wa 'yarsa alama yana raye ba. Layin da yake sauraron wa'azin da shi ma da lambata aka haɗa shi, domin ni na yi tawa tuntuni. In kai yarinyar a ɓoye? Sannan ni da na riga na karɓi lambar, na hallaka ke nan?

Uwar yara huɗu, Kaduna

'Yata, na amsa gaisuwarki, kuma zan fara da tambayar da kika ajiye a ƙarshe, domin na lura ita ce take hana ki barci fiye da batun jarrabawa. Ba ki hallaka ba. Zaman da kika yi a gaban na'ura aka ɗauki hotonki da zanen yatsunki bai raba ki da Almasihu ba, kuma nassin da maigidanki yake riƙe da shi ne da kansa zai nuna miki haka idan kika karanta shi daga kai har gindi.

Ki buɗe Wahayin Yahaya, wanda tsofaffinmu suka fi sani da Ru'ya ta Yohanna, ki karanta sura 13 gaba ɗayanta, kada ki faro daga aya 16 kamar yadda masu gajerun bidiyo suke yi. Za ki ga dabba ta fari ta fito daga teku, maciji ya ba ta ikonsa da kursiyinsa, mutane suna yi mata sujada suna tambaya ko akwai mai kama da ita. Daga nan dabba ta biyu ta fito daga ƙasa, aikinta kuwa shi ne ta sa mazaunan duniya su yi wa ta farin sujada, ta sa a ƙera siffarta, a kuma kashe duk wanda ya ƙi durƙusa wa siffar. Sai da aka shimfiɗa duk wannan kafin a zo kan alamar da ake sawa a hannun dama ko a goshi, wadda in babu ita mutum ba zai iya saye ko sayarwa ba. A sura 14, inda aka yi gargaɗin hukunci mai tsanani, an ɗaure karɓar alamar da yi wa dabbar da siffarta sujada, haka kuma aka sake ɗaure su a sura 16 da 19 da 20. Alamar tambari ce da ake bugawa a kan zaɓin da mutum ya riga ya yi game da wanda zai bauta wa, saboda haka ba abu ba ne da za a ɗura wa mutum bai sani ba, kamar yadda ba a yin ridda cikin barci.

Akwai wani abu da masu wa'azin tsoro ba su cika ambata ba, wato littafin yana da alamu biyu. A sura 7 an buga wa bayin Allah hatimi a goshi, a farkon sura 14 kuma an ga waɗanda suke tare da Ɗan Ragon ɗauke da sunansa da na Ubansa a goshinsu. Ban taɓa haɗuwa da Kirista mai duba madubi yana neman wannan rubutu a fatar goshinsa ba, kowa ya gane cewa ana nufin wanda ya mallaki zuciyar mutum. Hannu da goshi kuwa sun samo asali ne tun daga Maimaitawar Shari'a 6:8, inda aka ce wa Isra'ilawa su ɗaura maganar Allah a hannu su sa ta a goshi, wato ta mallaki aikinsu da tunaninsu. In hatimin Allah haka yake, da wane dalili za mu mai da kishiyarsa lamba mai alƙaluma 11 da limami da fasto da boka suka bi layi ɗaya suka karɓa, ba tare da an nemi ɗayansu ya canza abin bautarsa ba?

Littafin nan tun asali wasiƙa ce zuwa ga ikkilisiyoyi bakwai a lardin Asiya, yammacin ƙasar Turkiyya ta yau, wato Afisa, Samirna, Birgamas, Tayatira, Sardisu, Filadelfiya da Lawudikiya. Yahaya ya rubuta shi daga tsibirin Batmusa, kuma yawancin masana sun tsaya kan wajen shekara ta 95, ƙarshen mulkin Domishiyan sarkin Roma, bisa shaidar Ireniyus, bishop na ƙarni na biyu. A waɗannan birane bautar sarkin Roma ta zama jiki, tun shekara 29 kafin haihuwar Almasihu aka ba Birgamas izinin gina haikali ga Augustas da allahiyar Roma. Ƙungiyoyin masu sana'a suna bukukuwansu da hadayu ga gumaka, don haka marini ko maƙeri da ya zama Kirista ya ƙi halarta yana iya rasa abokan ciniki da matsayinsa a kasuwa. Muna da wasiƙar wani gwamna mai suna Filini, wadda ya aika wa sarki Tirajan wajen shekara ta 112, inda ya bayyana yadda yake gwada wanda aka zarga da Kiristanci. Ana kawo siffar sarki, a ce mutum ya miƙa turare da ruwan inabi, ya kuma zagi Almasihu, in ya yi a sake shi, in ya dage a kashe shi. A shekara ta 250 sarki Desiyus ya ba da doka kowa ya yi hadaya ya karɓi takardar shaida, kuma an tono fiye da 40 daga cikin irin waɗannan takardu a Masar, da sa hannun jami'an da suka shaida cewa wane ya yi hadaya a gabansu. Wannan ita ce takardar da Kirista ya kamata ya ƙi ko da za a yanka shi, domin abin da take shaidawa shi ne ya durƙusa wa wani ubangiji. Ki gwada ta da takardar da kika karɓo daga hukumar NIMC, wadda ba ta shaida komai sai sunanki da kamanninki.

Batun 666 ma, wato lambar dabbar da ke ƙarshen sura 13, ba sihiri ba ne. Duk wanda ya taɓa zama kusa da malaman ajami ya san ramzi, inda mawaƙi zai rufe waƙarsa da wata kalma wadda in aka haɗa lissafin haruffanta sai ta ba da shekarar da aka yi waƙar. Ibrananci da Helenanci haka suke, kowane harafi yana da adadinsa, kuma Yahaya da kansa ya ce lambar ta mutum ce, mai hankali ya lissafa. In aka rubuta Neron Kaisar, wato sunan Nero sarkin Roma, da haruffan Ibrananci guda bakwai, adadinsu 50 da 200 da 6 da 50 da 100 da 60 da 200 ne, jimla 666. In aka bi lafazin Latin aka ce Nero, harafi ɗaya mai adadin 50 ya faɗi, sai a sami 616, kuma akwai tsofaffin kwafe na littafin da suke ɗauke da 616, har Ireniyus ya san da su ko da yake bai yarda da su ba. Nero shi ne ya ɗora wa Kiristoci laifin gobarar Roma ta shekara ta 64, ya sa aka cinna wa wasunsu wuta don haskaka lambunsa da dare. Bayan ya kashe kansa a shekara ta 68 jita-jita ta daɗe tana yawo cewa zai dawo, abin da ya yi kama da kan dabbar da aka yi wa raunin ajali ya warke. A sura 17 kuma an ce wata mata mai suna Babila tana zaune a kan tuddai bakwai, ita ce babban birnin da ke mulkin sarakunan duniya, kuma ko yaro a zamanin ya san birnin da ake wa kirari da tuddai bakwai.

Don in yi wa maigidanki adalci, ba duk masu bi na gaskiya ne suka tsaya a nan ba. Akwai masu ganin yawancin wahayin ya cika a zamanin Romawa, akwai waɗanda suka karanta shi a matsayin tarihin ikkilisiya daga manzanni zuwa ƙarshe, kamar yadda shugabannin gyaran ikkilisiya na ƙarni na 16 suka yi, akwai kuma masu ganin hoto ne na yaƙin da ke tsakanin mulkin Allah da mulkin zalunci a kowane zamani. Fassarar da ta fi yaɗuwa a majami'unmu, mai cewa za a fyauce masu bi zuwa sama, shekara bakwai na tsanani su biyo baya ƙarƙashin wani shugaban duniya guda, an tsara ta ne a ƙarni na 19 ta hannun John Nelson Darby, wani mai wa'azi ɗan Birtaniya, ta kuma bazu a Amurka ta hanyar Littafi Mai Tsarki mai sharhin Scofield da aka buga a 1909, kafin ta iso mana ta littattafai da rediyo da finafinai. Ina da abokan hidima da suke riƙe da ita da zuciya ɗaya, ba na kuma kiransu 'yan bidi'a. Amma ko su, in kika tambayi masu natsuwa a cikinsu, za su ce miki alamar tana zuwa ne a fili tare da neman a yi wa mutum sujada a musunci Almasihu, kuma a tsarinsu ma hakan yana faruwa ne bayan fyaucewa. Ashe ko da ma'aunin makarantar da mai wa'azin nan ya fito daga cikinta, maganarsa ba ta tsaya ba.

Tarihi cike yake da waɗanda suka rantse sun gano. Lokacin da Amurka ta fara ba ma'aikata lambar fansho a 1936 an ce alamar ce, da zanen layukan da ake bugawa a jikin kayan kanti ya fito a shekarun 1970 an sake cewa ita ce. Da ƙasar Girka ta shiga kasuwar tarayyar Turai a 1981 mambobi suka cika goma, masu wa'azi suka ce ga ƙahoni goma na dabbar, bayan shekara biyar sai Sifen da Fotugal suka shiga lissafin ya rushe, yau kuwa ƙasashe 27 ne. An taɓa ƙirga haruffan sunan Ronald Wilson Reagan, wanda ya yi shugabancin Amurka, aka ga shida-shida ne sau uku. William Miller, wani mai wa'azi a Amurka, ya yi lissafi daga Daniyel 8:14, mabiyansa suka tsaya kan 22 ga Oktoba 1844 a matsayin ranar dawowar Almasihu, wasu manoma suka bar amfaninsu a gona ba su girbe ba. A Koriya ta Kudu wata ƙungiya ta sa 28 ga Oktoba 1992, aka ɗaure shugabanta kan zamba, aka kuma gano yana da takardun jari da ba za su nuna ba sai shekara mai zuwa. Harold Camping, mai wa'azin rediyo a Amurka, ya sa 21 ga Mayu 2011, da ta wuce ya ɗaga zuwa Oktoba. Ni kaina a Disamban 1999 na zauna a zauren wani dattijo a ikkilisiyar da nake hidima, yana nuna mini igiyoyin shanun nomansa biyu rataye a jikin ƙusa, ya sayar da su don a ganinsa babu sauran damina. Da ruwa ya sauka sai da muka haɗa masa gayya. Ban manta yadda ya tsaya a bakin gonar yana sunkuyar da kai ba, kuma tun daga ranar nake jin nauyin yi wa irin waɗannan mutane dariya. Yesu ya faɗa a Matiyu 24:36 cewa ranar da sa'ar ba wanda ya sani sai Uba, ya kuma maimaita wa almajiransa a Ayyukan Manzanni 1:7 cewa sanin lokatai ba nasu ba ne.

Game da rajista kuwa, Luka sura 2 ta ishe mu. Kaisar Augustas, wanda aka gina wa haikali a Birgamas, shi ne ya ba da umarnin ƙidaya, Yusufu kuma ya ɗauki Maryamu da tsohon ciki suka tafi Baitalami don a rubuta su, a wannan tafiya aka haifi Mai Ceto. Bulus ya yi amfani da zamansa ɗan ƙasar Roma ya hana a yi masa bulala, daga baya ya ɗaukaka ƙara zuwa gaban Kaisar, Kaisar ɗin kuwa Nero ne. Daniyel, wanda wahayinsa na dabbobi huɗu ne tushen hoton da ke sura 13, ya yi karatu a makarantar Babila, ya amsa sunan da suka raɗa masa, ya riƙe babban muƙami a gwamnatinsu. Inda ya ja layi shi ne ranar da aka hana addu'a ga kowa sai sarki, abokansa uku kuma suka ja nasu ranar da aka ce a durƙusa wa gunkin zinariya.

Duk da haka kada ki ɗauka maigidanki ba shi da wani dalili ko kaɗan, domin ruwa ba ya tsami banza. Mutumin da ya tsaya a shagonsa a watan Fabrairun 2023, kaya na nan, mai saye na nan da kuɗinsa a banki, amma babu takardar naira a hannu, tiransifa ta maƙale, 'yan POS suna sayar wa mutane kuɗinsu da tsada, wannan mutumin ya ɗanɗana a jikinsa abin da ake nufi da a hana saye da sayarwa. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Wahayin Yahaya kuma littafi ne da ke koya wa mai bi ya sa wa masu iko ido, domin ya nuna cewa hukumar da Romawa 13 ta kira baiwar Allah don kiyaye doka tana iya rikiɗa ta zama dabba ranar da ta nemi abin da na Allah ne kaɗai, kuma sura 18 ta yi kuka a kan kasuwar da ake sayar da komai har da rayukan mutane. Tambayar wa ke riƙe da bayananmu, wa zai iya rufe wa talaka layi ko asusu, da wace hujja, tambaya ce mai kyau da ya dace Kirista ya riƙa yi. Sai dai ki tuna yadda wahalar canjin kuɗin ta sassauta. Jihohin Kaduna da Kogi da Zamfara ne suka fara kai ƙara Kotun Ƙoli, ita kuma a ranar 3 ga Maris 2023 ta yanke hukunci a ci gaba da karɓar tsofaffin kuɗin. A watan Yunin wannan shekarar aka sa hannu a dokar kare bayanan 'yan ƙasa. Waɗanda suka tsaya a fili suka yi magana ne suka jawo waɗannan abubuwa, wanda ya karya katin zaɓensa kuwa ya bar wa wasu su zaɓa masa wanda zai riƙe bayanan nasa. Irmiya 29 ta umarci waɗanda aka kai bauta su gina gidaje, su dasa gonaki, su nemi zaman lafiyar birnin da suke ciki, birnin kuwa Babila ce.

Kiran wani ɗan siyasa dabba ko magabcin Almasihu ya fi damuna, domin na ga inda yake kai mutane. Kalmar magabcin Almasihu ba ta cikin Wahayin Yahaya ko sau ɗaya, a wasiƙun Yahaya na fari da na biyu take, inda aka ce tun a wancan lokaci da yawa sun riga sun fito, ana nufin masu koyarwar ƙarya da suka fita daga cikin ikkilisiya. An liƙa wa Fafaroma sunan, an liƙa wa Napoleon, an liƙa wa Hitler, kuma duk lokacin zaɓe a ƙasar nan sai an sami mai liƙa wa ɗan takarar da ba ya so. Da zarar an ce abokin hamayya dabba ne, an daina auna shi da hanya da asibiti da tsaro, an kuma wanke nasu ɗan takarar daga kowace tambaya, tunda an mai da shi mai yaƙin Allah. Fassarar annabci tana iya juya manufofin manyan ƙasashe, kamar yadda goyon bayan masu wannan fahimta a Amurka ya taimaka wajen mai da ofishin jakadancinsu Urushalima a Mayun 2018, balle zaman unguwa ɗaya a Kaduna, garin da ya san abin da rikicin 2000 da na 2002 suka ci.

Gog da Magog ma an yi ta yawo da su, daga Gotawa a ƙarni na huɗu zuwa Mongolawa, zuwa Turkawa, zuwa Tarayyar Sobiyet a zamanin yaƙin cacar baka, kowane zamani yana ɗora su a kan wanda yake tsoro. A Wahayi 20 al'ummai ne daga kusurwoyi huɗu na duniya, kuma wuta ce daga sama ta cinye su, tsarkaka ba su zare takobi ba. A sura 5 an ce wa Yahaya ga Zaki na kabilar Yahuza, da ya duba sai ya ga Ɗan Rago kamar an yanka shi. A tsakiyar sura 13 ɗin da maigidanki yake so, aya 10 ta kira masu bi ga jimiri da bangaskiya. Babu inda littafin ya ba Kirista izinin ƙin gaishe da maƙwabcin da ya kai masa naman layya. Ke dai ki ci gaba da gaisawa da matan gidan, ki aika yara da abinci kamar yadda kuka saba.

Akwai iyakar da in ya ƙetare ta, maganar ta tashi daga saɓanin fassara. A dajin Shakahola na ƙasar Kenya an tono gawawwaki sama da 400 tun daga 2023, na mabiyan wani mai wa'azi da ya fara da cewa lambar shaidar 'yan ƙasar Kenya alamar dabba ce, makaranta da asibiti na Shaiɗan ne, aka ƙare da azumin mutuwa har da ƙananan yara. A Kanungu ta Uganda a Maris 2000 mutum fiye da 700 suka hallaka a hannun wata ƙungiyar ƙarshen duniya. Ban ce maigidanki yana kan wannan hanya ba. Amma in kika ga ya fara maganar cire yara daga makaranta, ko hana su magani da rigakafi, ko sayar da shago ya aika wa mai wa'azin kuɗi, ko ƙaura zuwa wani sansani, ko tilasta wa yara dogon azumi, kada ki jira kowa, a ranar ki sanar da fastonku da danginsa da naki.

Yanzu batun 'yarku. Ban ba ki shawarar ki kai ta a ɓoye ba, domin ranar da sakamako ya fito asiri zai tonu, shi kuma zai ga matarsa da 'yarsa sun haɗa baki da abin da ya fi tsoro a duniya, wannan rauni kuwa zai daɗe bai warke ba. Haka kuma ban ce ki bar shekarar yarinyar ta salwanta ba. Biyayyar da Afisawa 5 ta nema daga mace ba ta kai ga taya miji toshe makomar ɗiya saboda kuskuren karatu ba, kuma wasiƙar nan ɗaya ce ta gargaɗi ubanni a sura 6 kada su tsokani 'ya'yansu su yi fushi. Ki fara zuwa wurin fastonku ke kaɗai ki zayyana masa komai, sannan ku nemi mutum ɗaya da maigidanki yake jin nauyinsa, yayansa ko wanda ya tsaya masa a aure, su zauna da shi ba a gaban yara ba, da Littafi a buɗe. In an yi zama ɗaya ko biyu bai sauko ba, ki faɗa masa a gaban waɗannan dattawa, da ladabi, cewa rana kaza za ki raka yarinyar ta yi rajista, alhakin kuma ya rataya a wuyanki. Wanda ya kai shekara 16 yana iya yin rajistar NIN da kansa, saboda haka doka ba ta tsare ku ba. Sau da yawa mutumin da ya yi rantsuwa a gaban iyalinsa yana neman ƙofar da zai fita ba tare da ya zubar da girmansa ba, kuma cewa da kika yi ke kika ɗauki nauyin yana iya zama wannan ƙofar. In kuwa kina tsoron zai ɗaga miki hannu, ki faɗa wa dattawan wannan tun a zaman farko.

Zancen layin wayar da aka haɗa da lambarki, na san yana kan harshenki, amma kada ki yi masa gori da shi. Za ki ci gardamar ki kuma ƙara tura shi wurin wanda ba ya yi masa dariya. Abin da na hango a wasiƙarki shi ne magidanci da jarinsa ya karye, ya ji kunyar kasa riƙe gida yadda ya saba, sai ga wani yana gaya masa cewa faɗuwarsa tana da ma'ana, shi yana cikin 'yan kaɗan da suka farka. Muddin shagon yana kwance, wannan muryar za ta fi taki daɗi a kunnensa. Ki yi wa fasto maganar zumuntar maza ko wani adashe da zai taimaka ya sake zuba kaya, ko da tayoyi da fulogi kaɗan ne. Ki riƙe asusunki na banki, kuɗin makarantar yara su riƙa bi ta can, kada a tara su a ƙarƙashin katifa.

Ki zauna da yarinyar ita ma, domin ta ji mahaifinta yana cewa wuta ce makomar mai lamba, kuma yarinya mai shekara 17 tana iya haɗiye irin wannan tsoro ba ta faɗa wa kowa ba. Ki nuna mata abin da na nuna miki a sura 13 da 14, ki kuma hana ta raina ubanta a kan wannan. Shi kuwa ki roƙe shi abu ɗaya da zai yi wuya ya ƙi, wato a addu'ar safe ya riƙa karanta muku Wahayin Yahaya da bakinsa, sura ɗaya kowace rana daga ta fari, ba tare da waya a kusa ba, tunda aya ta uku ta sa albarka ga mai karantawa da masu sauraro. Surori 22 ne, za ku gama cikin mako uku da kwana ɗaya, kuma kafin ya kai 13 zai bi ta wasiƙun ikkilisiyoyi bakwai da taron kowace kabila da harshe da ke sura 7. Ganin fasto kam ki yi shi cikin makon nan, domin lambar ba kullum take fitowa a ranar da aka yi rajista ba, kuma in aka sami kuskure a suna ko ranar haihuwa gyaransa yana cin lokaci kafin JAMB ta karɓa.